Kofur Cokali a Kan Gada

Duk wanda ya buga wasan kwamfutar nan, Hanyar Gida, a shekarar 1999, in ya ce maka ya san Kofur Cokali, to kwafin sata ya buga. Ba don in tona asirin kowa nake faɗa ba, ni wa na isa. Ni ne Kofur Cokalin, kuma daga hannuna satar ta fita.

Sunana Ismo. Cokali a barikin soja aka liƙa mini, saboda a cikin takalmi nake ɓoye cokalina kada 'yan ɗakinmu su yi gaba da shi. Can na haɗu da Reijo, wani siriri mai tabarau wanda komai tsoro yake ba shi, har ƙarar rufe ƙofa. Wata rana ana atisaye a dajin arewa, dusar ƙanƙara ta rufe mu, ni da shi muka ɓace wa rundunarmu. Reijo ya hau lissafa mini awa nawa mutum yake yi kafin sanyi ya kashe shi. Ni kuwa yunwa ce ta dame ni. Na zauna a kan kututture, na zaro cokali daga takalmi, na fasa gwangwanin nama na hau ci. Ya tsaya yana kallona kamar ya ga mahaukaci. Can sai ya zauna kusa da ni ya ce in sam masa. Kafin rana ta faɗi aka gano mu. Iyakar jarumtar da na taɓa yi a duniya ke nan, na ci nama.

Bayan mun gama soja ya auri ƙanwata Mervi, suka zauna a nan garin Oulu, titi uku tsakanina da su. Mabuɗin gidansu na biyu a hannuna yake, ni nake ba furanni ruwa in sun yi tafiya. Ni aikina gyaran injinan ɗumama gidaje. Shi kuwa Reijo ajiye aikin albashi ya yi, shi da wasu mutum biyu suka kama ɗaki a saman shagon mai gyaran kekuna, suka shekara uku suna haɗa wasa ɗaya. Mervi ce take riƙe da gidan da aikinta na jinya, kuma ban taɓa jin ta yi ƙorafi ba.

A watan Maris na shekarar 1999, saura wata biyu wasan ya fita kasuwa, na cika shekara talatin. Reijo ya same ni a wurin aiki da rana, ya ciro wani faifai mai ruwan zinariya daga aljihun rigar sanyinsa. Babu hoto, babu kwali, da alƙalami kawai ya rubuta a jiki: Ajiya.

Ya ce, "Cokali, riƙe mini wannan. In ofis ya kama wuta, ko mai keken nan ya fasa mana famfo a ka, wahalar shekara uku tana hannunka."

Na ce, "Wato ka rasa banki ne sai ni?"

"Banki ba ya buga wasa. Ka buga, ka faɗa mini inda ya yi tsauri da yawa. Shi ne kuma tukuicin ranar haihuwarka, don ka san aljihuna."

"Rowa dai."

"Amma kai kaɗai. Ko Mervi ba ta gan shi har ƙarshe ba."

Na ce masa kada ya raina mini hankali, na jefa faifan a aljihun ƙirji na ja zif.

Wasan kuwa ba na yara ba ne. An ci rundunarka da yaƙi, saura mutum goma sha biyu, kai ne za ka kai su gida cikin hunturu. Filin gida-gida ne kamar na dara. Ka motsa naka ɗaya bayan ɗaya, abokan gaba su motsa nasu, ba gaggawa, sai tunani. Wanda ya mutu ya mutu ke nan, ba ya dawowa, kuma kowannensu da sunansa da garinsu da abin da yake yawan faɗa. Kowane soja yana da ma'aunin tsoro a ƙarƙashin sunansa. In ya cika, ba ya ƙara jin umarninka, sai ya zubar da bindiga ya arce inda ƙafa ta kai shi.

A yaƙi na uku na gamu da shi. Wani gajere mai tumbi, da cokali a soke a bakin takalmi. Kofur Cokali. Tafiyarsa gida biyu ce inda kowa yake yin huɗu, harbinsa sai dai a yi wa bishiyoyi jaje, abin da yake da shi kawai taurin rai, sai a sassare shi bai faɗi ba. A bayaninsa an rubuta layi ɗaya: Ci ne aikinsa. Na yi dariya har da hawaye ni kaɗai a ɗaki. Na ɗauka haka za a sayar da shi, duniya ta san ni.

Sai na iso gada.

Yaƙi na tara ne. Siririyar gada ce a kan kogi, faɗinta gida biyu, mahaya suna biye da kai, maharba suna jiranka a ƙetare. Da zarar mutanena sun kai tsakiya sai tsoronsu ya cika, su watse, wasu su faɗa ruwa. Na gwada gudu, na gwada tsayawa, na tura maharba gaba, na mai da su baya. Sati biyu ina abu ɗaya. Kuma ga inda matsalar take: ni mutum ne mai cika baki. Kowace Alhamis muna haɗuwa a ɗakin ƙasa na laburare muna buga yaƙi da 'yan sojojin dalma a kan tebur, kuma shekara huɗu ba a ture ni daga kan gaba ba. Reijo ya san haka, shi ya sa ya ba ni. In ya kira ya ce, "Ina ka kai?" sai in ce aiki ne ya yi yawa. Abin da ya roƙe ni shi ne in faɗa masa inda ya yi tsauri. Jimla ɗaya ce, amma bakina ya ƙi ɗaukarta.

Maimakon haka sai na kai kukana wurin Jyrki.

Jyrki abokin aikina ne, mota ɗaya muke shiga. Ƙato ne mai dariya da ƙarfi, kuma ba wasan kwamfutar da ya taɓa gagararsa. A falonsa akwai kanta cike da faifai kusan ɗari uku, duk rubutun hannu, ga na'urar kwafa a gefe. Bai taɓa kiransu kwafi ba. Ajiya yake cewa. Wai doka ta yarda in ka sayi faifai ka yi masa na ajiya kada ya karce. Na taɓa tambayarsa ina na asalin suke, ya ce, "Suna kanti mana. Can suke riƙe mini."

Ran Asabar da hantsi na je da faifan. Niyyata in nuna masa gadar a kan kwamfutarsa, ya ba ni shawara, in mai da abina aljihu. Ya buga sau biyu, duk biyun aka kwashe masa mutane. Ya tura kujera baya yana shafa gemu.

"Kai, wannan surukin naka mugu ne. Bar mini shi zuwa Litinin."

"Ba ya kwana a ko'ina sai gidana."

"To mu yi masa ajiya."

"Ai shi ne ajiyar."

"Haba Ismo, kamar ba ma'aikaci ba. Wane gida ka taɓa sa wa famfo ɗaya babu na ko-ta-kwana? Dubi nan, ga ɗan karce ya fara. In wannan ya mutu a hannunka me za ka ce wa mijin ƙanwarka? Taimakonsa za mu yi."

"Ya ce ni kaɗai."

"To ni wa ne? Rabin jikinka ne. Kwana uku in warware maka gadar in karya faifan a gabanka."

Ban ce e ba. Wannan na riƙe shi shekaru ina lallashin kaina da shi, wai ban ce e ba. Amma a wancan zamanin kwafar faifai ɗaya minti arba'in take ci. Jyrki ya dafa gahawa, ya yanka burodin kirfa, muka zauna muna zagin shugaban sashenmu, wata 'yar fitila ja tana ƙyaftawa a jikin na'urar. Minti arba'in ina da damar miƙa hannu in danna maɓalli. Na ci burodi yanka uku.

Ran Talata a mota ya ce, "An gama. Wannan ɗan tumbin mai sunanka, ka tsayar da shi a bakin gada ya toshe. Mahaya za su ɓata zagaye huɗu suna saransa, kafin nan sauran sun ƙetare. Ba shi da wani amfani dama."

"A bar shi ya mutu?"

"To da gadonsa za ka ci? Yi haƙuri, ranka ya daɗe, kofur."

Na tambaye shi faifan da ya kwafa. Ya ce ya manta shi a gida. Ban sake tambaya ba, don na riga na san amsar kuma ba na son in ji ta.

Na koma na yi yadda ya ce, ta kuwa yi. Na kalli ɗan gajeren nan yana tsaye shi kaɗai ana saransa har ya durƙusa, na ƙetare da sha ɗaya. Ran Lahadi a gidan Mervi, muna cin miyar kifi, na faɗa wa Reijo da gadara cewa gadarsa ba wani abu ba ce.

Ya ajiye cokali ya ce, "Da mutum nawa?"

"Sha ɗaya."

"Wa ka bari?"

"Ni. Na sadaukar da kaina saboda ƙasa."

Mervi ta yi dariya. Reijo ya ɗan yi murmushi, ya gyara tabarau ya ce, "Ana ƙetarewa da sha biyu. Sake dubawa." Na ce zan duba. Ban duba ba, tunda na riga na wuce.

Wasan ya fita a watan Mayu, cikin kwali mai kyau da taswira a ciki. Na ce wa Reijo na sayi biyu, ɗaya nawa ɗaya na kyauta. Ƙarya nake yi. Me zan yi da na kanti alhali ina da na zinariya? Mujallu suka yabe shi, 'yan Alhamis ɗinmu ba su da hira sai tasa, har a motar haya na ji ɗalibai suna gardama a kan gada. Amma kwalayen suna nan jere a kanti kamar an kafe su. Reijo ya rame. Yakan ce, "Kowa yana bugawa, ba wanda yake saye. Ta ina ya fita tun kafin mu fitar?" Suka zargi masana'antar da ta buga musu faifan, suka zargi wani ɗan jarida da suka ba samfuri. Ni ina zaune ina taya su mamaki.

Wata Asabar na bi ta kasuwar gwanjo da ake yi a filin ajiye motoci. A tebur na uku, tsakanin tsofaffin takalman zamiya a kan ƙanƙara da tukwane, wani mutum ya baje faifai cikin leda. Na ga Hanyar Gida guda shida, rubutun hannu, kowanne marka ashirin a kuɗinmu na lokacin. Na tsaya ina jujjuya wata tukunya da ba na so, har mai ita ya fara yi mini ragi. Ran Litinin na tare Jyrki. Ya ɗaga kafaɗa ya ce shi ƙaninsa kawai ya yi wa ajiya, ƙanin kuma yana jami'a, ka san yara. Na yi masa borin kunya, na yi ihu a mota, na nemi a canza mini abokin aiki. Na kuma kwantar wa kaina hankali da cewa faifai ba ya magana. Kwafi kwafi ne, wa zai san daga wane gida ya fito?

A bikin tsakiyar bazara muka tafi bukkar iyayenmu a bakin tafki, mu uku. Da la'asar ni da Reijo muka fito daga sauna, ɗakin da ake zama cikin tururi mai zafi a yi gumi, muka faɗa ruwa, muka dawo muka zauna a baranda da tawul a ƙugu. Mervi tana kankare sabon dankali a roba. Sauro yana ta hidimarsa. Reijo ya jawo jakarsa ya ciro mujallar wasanni ta watan, a naɗe, alamar an sha karanta ta.

Ya ce, "Mervi, kin san yayanki ya yi suna?"

"A ina? Wurin ci?"

"Saurara. Shafin wasiƙun masu karatu." Ya buɗe, ya karanta a hankali kamar mai karanta takardar likita. "Ga masu fama da gada a Hanyar Gida: ku tsayar da Kofur Cokali a bakin gada ku gudu. Don haka aka halicce shi. Daga wani mai karatu a Turku." Ya juya shafi. "Ga wani daga Joensuu. Shi cewa ya yi a cire masa takalma tukuna, kada a yi asararsu."

Mervi ta tuntsire da dariya har wuƙa ta faɗi. "Wayyo Ismo! Ashe har cikin wasan ka sa shi? Ba ka faɗa mini ba."

Ni ma na buɗe baki ina dariya. Na ce, "Ka ga, ka mai da ni abin tausayin ƙasa."

Reijo bai yi dariya ba. Ya rufe mujallar ya ɗora a gwiwa.

"Ban sa shi a na kanti ba."

Mervi ta ce, "Kamar yaya?"

"Na kanti mutum sha ɗaya ne. Abokan aikina sun ce barkwanci ba zai shiga labarin ba, na cire shi. Faifai ɗaya tak na bar shi a ciki, na ranar haihuwa." Ya juyo ya kalle ni, ba tabarau a fuskarsa, idanunsa ƙanana. "Da ka buɗe ko ɗaya daga cikin biyun da ka saya, da ka sani."

Na fito daga ɗaki mai zafin da ke dafa ƙwai, amma ban san zafi ba sai a lokacin. Kunnuwana suka ɗau wuta. Ga ni zaune tsirara sai tawul, ba aljihun da zan sa hannu, ba abin da zan kalla sai yatsun ƙafata. Na ji bakina yana magana ba da izinina ba.

"Ajiya aka yi. Don kada ya karce."

Wallahi da na yi shiru ya fi. Kalmar Jyrki ce, da muryar Jyrki, a gaban mutumin da ya rubuta kalmar da hannunsa a jikin faifan yana nufin abin da take nufi.

Mervi ta tsame hannunta daga ruwa. Ba ta taɓa ce mini Yaya sai abu ya ɓaci.

"Yaya, wa ka ba?"

"Jyrki. Gadar ce ta gagare ni."

"Ta gagare ka? Shi ne ba za ka ɗaga waya ba? Titi uku ne tsakaninmu! Shekara uku ina aikin Asabar da Lahadi, kana gani, kana zuwa kana cin miya a gidana."

"Mervi," in ji Reijo.

"A'a, bar ni. Makonni kana zargin mutanen da ba su ji ba su gani ba, shi yana zaune yana gyaɗa kai!"

Ta ɗauki robar ta shige ciki. Muka ji ta tana ajiye tukunya da ƙarfi.

Na so Reijo ya zage ni. Na so ya tashi ya kai mini naushi, in sami abin da zan riƙe. Amma shi ba haka yake ba. Ya kalli tafki ya ce, "Wataƙila ko ba kai ba da ya fita. Wataƙila ko bai fita ba da ba a saya ba. Ban sani ba, kuma ba zan taɓa sani ba. Ba wannan ne yake ci na ba."

Ya ɗaga mujallar daga gwiwarsa.

"Wasiƙa goma sha huɗu mujallar nan ta samu a kan gadar, na tambaye su. Duk goma sha huɗun sun jefar da shi. Su ban damu ba, ba su san shi ba. Kai na ɗauka za ka gane." Ya kashe sauro a hannunsa ya duba. "Ba a bakin gada ake sa shi ba. A tsakiyar layi ake sa shi. Duk wanda yake tsaye kusa da shi, tsoronsa ba ya hawa. Ban rubuta a ko'ina ba. Sai dai a yi tafiyarsa, gida biyu biyu, kowa ya jira shi."

Ya tashi ya ɗaure tawul ya ce gobe in mun koma gari in kawo masa faifan. Daga nan ya shiga taya matarsa yanka albasa. Mun ci abincin a tebur ɗaya, kifi da sabon dankali da man shanu, abin da na fi so a duniya, ban san ɗanɗanonsa ba.

Na kai masa faifan ran Litinin. Ya karɓa a bakin ƙofa ya ce na gode. A watan Satumba suka rufe ɗakin saman mai keke, Reijo ya koma aikin albashi a wani kamfanin inshora, yana gyara musu kwamfutoci. Ba wanda ya kore ni daga ko'ina. Ana gayyata ta Kirsimeti, ana ba ni safa. Sai dai tun daga ranar baranda Reijo bai ƙara ce mini Cokali ba, Ismo yake kirana.

Kafin sanyi ya shigo za su tafi wurin iyayen Reijo na sati guda. Na shirya zuwa ba furanni ruwa kamar kullum. Sai ga Mervi a ƙofata da yamma, ko rigar sanyi ba ta cire ba.

"Mabuɗin nan na zo karɓa. Maƙwabciyarmu za ta riƙe, ta fi kusa."

Na ce, "Gaskiya ne, ta fi kusa."

Zoben mabuɗan ya yi tauri, farcena ya kasa buɗe shi. Na daɗe ina fama a gabanta, tana kallon bango, ni ina kallon zobe. Da ya fita ta karɓa, ta ɗan taɓa hannuna ta tafi.

Washegari Asabar na shiga kanti na sayi wasan na gaske, guda biyu, kamar hakan zai mai da ƙaryata gaskiya. Na buɗe ɗaya na buga har yaƙi na uku. Mutum sha ɗaya ne, ba ɗan gajere mai tumbi. A nan na gane cewa in ina son in ga abin da Reijo ya ce, hanya ɗaya ce ta rage mini. Na sa hula na ja ta har gira, na tafi kasuwar gwanjo, tebur na uku. Mutumin ya miƙo mini faifai cikin leda ya ce, "Mai kyau ne, amma akwai wata gada. In ka kai, akwai wani sakarai mai cokali, ka..." Na ce na sani. Na ba shi marka ashirin ɗinsa ban kalli fuskarsa ba.

Kwana huɗu na yi kafin in kai gadar, don daga farko na soma. Na sa Kofur Cokali a tsakiya, na jera sauran a gabansa da bayansa da gefensa. Muka taka gida biyu. Mahaya suka iso, suka sari na baya, maharba suka yi ruwan harsashi. Hannuna yana ƙaiƙayi in ce kowa ya ruga. Na duba ma'aunin tsoro, ko motsi bai yi ba. Muka ƙara gida biyu. Haka muka yi ta jan ƙafa kamar masu rakiyar tsohuwa, zagaye goma sha ɗaya, kowa ya ji rauni, ba wanda ya gudu. Na ƙirga su a ƙetare da yatsa a jikin gilashi. Sha biyu.

Sai wani hoto ya fito wanda ban taɓa gani ba, kuma ban ji wanda ya taɓa ambatarsa ba. Sojojin suna zaune a bakin kogi, ɗan gajeren a kan kututture yana cin nama a gwangwani. Wani sabon soja ya tambayi kyaftin me ya sa ake jan wannan kofur alhali ba ya harbi ba ya gudu. Kyaftin ɗin siriri ne mai tabarau, sai a ranar na lura. Amsarsa ta fito a ƙasan hoton, harafi bayan harafi:

"Duk abin da na ba Cokali ajiya, na san inda zan same shi."

Ƙarƙashinsa aka rubuta: Danna kowane maɓalli don ci gaba. Na ɗora hannuwana a cinya. Wayar tana kan tebur kusa da ni, na san lambar Reijo da ka, titi uku ne. Na ƙetare da sha biyu, kuma mutum ɗaya ne a duniya zai san abin da hakan yake nufi. Amma zai tambaye ni a wane faifai na buga.